Seizo Fukumoto: Mutumin Da Aka "Kashe" Sau 50,000

Tuna faɗan ƙarshe da ka kalla a wayarka. Ko na Ertugrul ne, ko na Jumong, ko wani fim ɗin Indiya da aka fassara, tsarin dai ɗaya ne. Jarumi na tsaye shi kaɗai, ƙarti ashirin sun yi masa ƙawanya, kafin ka ƙifta ido sun zube kamar an girbe gero. Kai kuma kana daga kwance kana cewa, "Kai, wannan gayen ba dama!" Sunan jarumin ka san shi, wataƙila ma kana bin sa a Instagram. To su ashirin ɗin nan fa? Ko fuskar mutum ɗaya za ka iya tunawa?

Mu nan "yaran bos" muke ce musu, mu wuce. A Japan kuwa sana'a ce mai zaman kanta, har suna gare ta: kirareyaku, wato wanda aikinsa a sare shi. Akwai mutumin da ya shafe shekara sama da 60 yana wannan aiki a finafinai da wasannin talabijin na tarihi, har 'yan ƙasarsa suka yi masa laƙabi da "mutumin da aka sara sau 50,000". Sunansa Seizo Fukumoto. Idan kin taɓa kallon The Last Samurai na Tom Cruise, kin gan shi, sai dai ba ki san shi ba ne. Yau bari mu bar jarumai su huta, mu duba wanda yake faɗuwa domin su tsaya.

Daga shagon shinkafa zuwa babban ɗaki

An haife shi ranar 3 ga Fabrairu, 1943, a Kasumi, wani ƙaramin garin masunta a bakin teku cikin lardin Hyogo. Sunansa na asali Seizo Hashimoto. Yana gama ƙaramar sakandare ya tafi birnin Kyoto, ya kama aiki a shagon shinkafar wani ɗan'uwansu. Zaman bai yi tsawo ba. A 1958, yana ɗan shekara 15, ya shiga sutudiyon kamfanin Toei da ke unguwar Uzumasa a Kyoton.

Ya kuwa shigo ana kan ganiya. A wannan shekarar ce aka sayar da tikitin sinima biliyan 1 da miliyan 127 a Japan, adadin da ba a taɓa kaiwa ba, ba a kuma sake kaiwa ba har yau. Ƙasar ba ta kai mutum miliyan 100 ba a lokacin, ka ga ke nan in an raba, kowane mutum ya shiga sinima kusan sau 12 a shekara. Babbar hajar Toei kuma ita ce jidaigeki, wasan kwaikwayon zamanin da. Yawancinsa kan zamanin Edo ne, daga 1603 zuwa 1868, lokacin da gidan Tokugawa ke riƙe da ƙasa, shugabansu mai sarautar shogun shi ne wuƙa shi ne nama, samurai kuma su ne baraden da ke da ikon rataya takobi.

Sai dai shiga sutudiyo daban, zama ɗan wasa daban. Manyan taurari irin su Chiezo Kataoka da Utaemon Ichikawa kowa da ɗakinsa da masu yi masa hidima. Sauran jama'a kuwa, ɗaruruwansu, wuri ɗaya ake tara su, ana ce masa obeya, ma'ana babban ɗaki. Sunan ɗakin ya zama sunan matsayinsu. Ɗan babban ɗaki ba ya zaɓar rol. Da safe zai duba abin da aka rubuta masa: yau mai wucewa ne a kasuwa, gobe mai ɗaukar gadon da ake ɗora attajiri, jibi gawa ce a gefen hanya. E, gawa. Daga nan Fukumoto ya fara: ka kwanta, kada ka yi numfashin da kyamara za ta gani, kada ka motsa ko da ƙuda ya sauka a hancinka.

Daga gawa sai wasan kasada. Ana son wanda zai diro daga rufin gida, ko ya faɗo daga kan doki, ko ya faɗa ruwa cikin sanyin Kyoto a madadin tauraro, sai a leƙa babban ɗaki. Wani abin da zai ba ka mamaki shi ne, a sare ka ma matsayi ne. Sabon shiga ba ya kusantar takobin tauraro. Yana can baya cikin taro, yana ɗaga takobi yana ihu. Sai an ga ƙafarsa ta zauna, an tabbatar ba zai tsone wa mai gida ido ba, sannan a matso da shi gaba. Shekaru Fukumoto ya yi kafin ya samu wannan "girma" na a kashe shi a gaban kyamara.

Da talabijin ta shigo gida

Yana cikin koyo kasuwar ta fara rushewa. Mutane sun yi ta sayen talabijin, musamman don kallon auren yarima Akihito a 1959 da wasannin Olamfik na Tokyo a 1964. Zuwa 1970 tikitin sinima bai kai miliyan 300 ba. Ga shi kuma darakta Akira Kurosawa ya fito da Yojimbo a 1961 da Sanjuro a 1962, inda faɗan takobi ya zo da ƙarar sara da jini da tsoro, sai salon Toei mai kama da rawa ya koma tsohon yayi. Kamfanin ya juya ga finafinan 'yan daban Japan, wato yakuza, Fukumoto ya bi su can ma aka yi ta harbe shi. Wasan tarihi kuma ya tattara ya koma talabijin, nan ne ya zama abincin kowane mako, nan ne kuma Fukumoto ya yi mafi yawan rayuwarsa ta aiki.

Shiri biyu sun isa su nuna maka yadda abin yake. Na farko Mito Komon, wanda tashar TBS ta fara nunawa a 1969, bai tsaya ba sai Disambar 2011, bayan kashi 1,227. Kai da kake ƙorafin fim mai dogon zango ya ƙi ƙarewa, ka ji inda ake dogon zango. Labarin wani dattijon basarake ne, Mitsukuni Tokugawa, da ke yawo ƙasa cikin shigar tsohon ɗan kasuwa tare da hadimansa biyu, Suke da Kaku. Duk garin da suka sauka sai sun tarar da azzalumin hakimi da mugun attajiri suna cutar talakawa. Ana dab da tashi sai faɗa ya kaure, sannan hadimi ya zaro wani ɗan akwatin magani mai tambarin gidan sarauta ya ɗaga, kowa ya zube yana neman afuwa. A daren Litinin da ƙarfe takwas ake nuna shi, kuma mutane ba su gaji ba har shekara 42.

Na biyu Abarenbo Shogun, wanda aka fara a 1978, Ken Matsudaira yana fitowa a matsayin Yoshimune, shogun na takwas, mai ɓad-da-kama ya shiga gari ya ga halin da jama'a ke ciki. Shi ma ya haura kashi 800. A ƙarshen kowane kashi sai ya juya takobinsa, ya bi mugaye da gadon bayan takobin yana zubar da su ɗaya bayan ɗaya.

Yanzu yi lissafi. Kowane mako, kowane shiri yana bukatar tarin mutanen da za su faɗi, kuma shirye-shiryen suna da yawa. Baƙon ɗan wasan da ya fito a mugun hakimi wannan makon, mako mai zuwa wani ne. Amma masu faɗuwa su ne dai ba sa canzawa. Fukumoto, da dogon jikinsa siriri da kumatunsa da suka lotsa da idanu masu kaifi, ya dace da wani rol na musamman: ronin, baraden da ba shi da ubangida, wanda azzalumai ke haya ya tsare su. Yana zaune a lungu bai ce uffan ba, sai wuta ta yi wuta mai gida ya juyo ya kira shi da "sensei", wato malam, ya zo ya yi maganin jarumi. Ya miƙe a hankali kamar zai yi abin kirki. Daƙiƙa kaɗan yana ƙasa.

Yadda ake mutuwa

Kada ka ɗauka faɗuwar nan ta banza ce. Takobin da ake wasan da shi yawanci na katako ne mara nauyi, an lulluɓe shi da ƙyalli ya yi kamar ƙarfe. Sau da yawa ko taɓa jiki ba ya yi, kusurwar kyamara ce ke haɗa su, ƙarar saran kuma daga baya ake sa ta. To idan takobi bai da nauyi, bai taɓa kowa ba, me ke sa ka ji a jikinka cewa jarumi ya yi sara mai ƙarfi? Wanda aka sara. Jikinsa ne ke gaya maka nauyin takobin, fuskarsa ce ke gaya maka zafinsa. In ya faɗi kafin takobi ya iso, fim ya koma kwamedi. In ya makara, jarumi ya zama rago. Akwai mai tsara faɗa da ke nuna wa kowa takunsa, amma sau da yawa gwaji kaɗan ake yi a ɗauka, don talabijin ba ta jira. Dole ɗan faɗuwa ya san tsawon hannun kowane tauraro da saurinsa, ya kawo kansa daidai inda takobi zai bi, ya kuma kauce wa hanya don na bayansa ya shigo.

A taƙaice dai, ƙarfin da kake yaba wa jarumi, rabinsa aron wanda ya faɗi ne.

Matsalar ɗan faɗuwa ɗaya ce. Jarumi ne ke fuskantar kyamara, shi kuwa ƙeyarsa ake gani. An sare shi, ya kife rub da ciki, an wuce, ko mahaifiyarsa ba za ta gane shi ba. Fukumoto ya zauna ya yi tunanin wannan. Abin da ya fito da shi shi ne salon da ake kira ebizori, lanƙwasar jatan lande. Idan takobi ya bi ta kansa sai ya ƙame, ya lanƙwashe ta baya, ya yi ta lanƙwashewa har kansa ya juye, fuskarsa a murtuke ta kalli kyamara a kife, sannan ya saki jiki ya faɗi rigingine, tim! Babu katifa, babu tallafe kai da hannu.

Ka lura da dabarar. Bai tare jarumi ba, bai ƙara wa kansa magana ba, bai ja sin ɗin ya fi yadda aka tsara ba. Saran ya ƙara kyau, jarumi ya ƙara kwarjini, darakta ya ji daɗi, shi kuma ya samu daƙiƙa biyu da fuskarsa. Kowa ya ci riba.

Malaminsa a wannan fanni ba samurai ba ne, Charlie Chaplin ne, ɗan barkwancin nan na Ingila mai ɗan gashin baki da sanda. Fukumoto ya sha faɗin cewa kallon yadda Chaplin ke faɗuwa da gaske, ba ya tausayin jikinsa, shi ya nuna masa cewa faɗuwar da ba ta yi kama da mai zafi ba, ba ta taɓa mai kallo. Tauraro Kinnosuke Yorozuya kuma ya taɓa yaba masa da cewa iya karɓar sara ai iya wasan kwaikwayo ne. Ga ɗan babban ɗaki, irin wannan magana daga bakin babba ta fi kambu.

Kura da shan bugu

Batun 50,000 ɗin nan, laƙabi ne, ba ƙidaya ba ce. Shekara 60 kwana 21,900 ne, sai an kashe mutum fiye da sau biyu kullum, ba hutu ba jinya, kafin a kai. Amma akwai dalilin da ya sa ba wanda ya yi gardama. A kashi ɗaya ana iya sare shi a tsakar gida, ya tashi ya karkaɗe jiki, ya canza riga, ya sake fitowa ta wata ƙofa a sake sare shi. A rana ɗaya yana iya mutuwa a shiri biyu ko uku, tunda duk a unguwa ɗaya ake ɗaukarsu.

Kada kuma daɗin labari ya rufe mana ido. Rayuwar babban ɗaki ita ce ainihin kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Tauraro na kan fasta, ɗan faɗuwa na can ƙasan jerin sunaye, in ma an sa shi. Ciwon baya da targaɗe da ƙujewa nasa ne. Da wasan tarihi ya fara ja baya a talabijin, matasa suka koma wasu shirye-shirye, masu talla suka bi su, 'yan babban ɗaki ne suka fara ji a jikinsu. Da yawa sun bar sana'ar ba wanda ya san sun taɓa shiga. Waɗanda suka rage sukan haɗa da wasan takobi a gaban 'yan yawon buɗe ido, a filin shaƙatawar da Toei ta buɗe jikin sutudiyon a 1975. Fukumoto ma ya yi.

Wannan ɓangaren ba baƙo ba ne a wajenmu. Ba ku manta da ƙurar da ta tashi a soshiyal midiya a Fabrairun 2022 ba, lokacin da Ladin Cima ta yi hira da BBC Hausa ta yi maganar ɗan abin da ake ba ta in ta fito a fim, wasu masu shirya finafinai suka musa, aka yi ta ja-in-ja. Ko wane ɓangare ka ɗauka a lokacin, tambayar da ta taso ita ce dai wadda ke babban ɗakin Kyoto: wanda ya tsufa yana riƙe wa taurari tsani, me ya tara?

Ashe ana kallo

Shekara sama da 30 Fukumoto yana faɗuwa a zaton ba mai lura. Ashe akwai masu zama gaban talabijin suna jiran minti biyar na ƙarshe don kawai su ga ta ina siririn nan zai ɓullo yau. Ba su san sunansa ba. A farkon shekarun 1990 aka aika wa wani shirin talabijin na Osaka mai suna Tantei Knight Scoop, wanda ke binciko wa masu kallo abin da ya dame su, da roƙon a nemo wannan "malam" da kullum ake sarewa. Aka nemo shi. Daga nan aka gayyace shi shirin hira na Tetsuko Kuroyanagi, kujerar da manyan taurari ke zama. Masoya suka kafa ƙungiya. Ka tuna fa, babu TikTok, babu Facebook, babu wanda zai yanko sin ɗinka ya sa masa kiɗa ya yi tashe. A 2001 aka fitar da littafin hira da shi, wanda ma'anar sunansa ita ce, a wani wuri akwai wanda ke kallonka.

Masoyan nan ne kuma suka kai sunansa gaban masu zaɓen 'yan wasan The Last Samurai, fim ɗin darakta Edward Zwick da ya fito a 2003, shekarar da Fukumoto ya cika 60, wato shekarun ritaya a kamfaninsa. Aka ɗauke shi zuwa New Zealand inda aka ɗauki yawancin fim ɗin. Shi ne dattijon samurai da aka sa ya tsare Kyaftin Algren, wato Tom Cruise, bayan an kama shi. Duk inda Algren ya sa ƙafa yana bayansa, hannu kan takobi, ba ya magana. Algren ya yi surutu ya gaji, ya raɗa masa suna Bob. Sai a yaƙin ƙarshe, da ya hango an saita Algren da bindiga, ya buɗe baki karo na farko ya ƙwala kiran sunansa, ya shiga tsakani, harsashi ya same shi.

Dubi abin da Hollywood ta saya a wajensa. Ba ta ba shi dogon jawabi ba. Tsayuwa, kallo, shiru, da faɗuwa, abin da ya shekara 45 yana gogewa a Uzumasa, shi aka zo nema. Da ya gama kuma ya koma Kyoto ya ci gaba da mutuwa a talabijin kamar ba abin da ya faru.

Jarumi yana da shekara 71

A 2014 aka fitar da Uzumasa Limelight, na darakta Ken Ochiai. Wanda ya rubuta labarin, Hiroyuki Ono, masanin Chaplin ne, ya kuma gina shi kan Limelight, fim ɗin Chaplin na 1952 game da tsohon ɗan wasan da zamani ya wuce. A nan tsohon ɗan faɗuwa ne mai suna Kamiyama, an soke shirin da ya shekara da shekaru yana mutuwa a cikinsa, aiki ya ƙafe, sai wata yarinya sabuwar shiga ta roƙe shi ya koya mata takobi. Chihiro Yamamoto ce ta fito a yarinyar, ita kuma zakarar wasan faɗan Chana ce tun tana ƙarama.

Da aka kawo wa Fukumoto tayin zama jarumin fim ɗin, ƙi ya yi. Sai da aka yi ta lallashi. A ganinsa wurinsa gefe ne, tsakiya ta wasu ce. Da ya yarda ya yi, fim ɗin ya je bikin finafinai na Fantasia a birnin Montreal na Kanada, ya ci kyautar fim mafi kyau, shi kuma ya ci ta gwarzon ɗan wasa. Shekara 56 bayan ya fara kwanciya a matsayin gawa. Ka san yadda fim ɗin ya ƙare? An sare shi mana. Ya lanƙwashe ta baya, ya faɗi.

Ya rasu ranar 1 ga Janairu, 2021, a Kyoto, sakamakon kansar huhu, yana da shekara 77.

Labarin bai tsaya nan ba. Wani darakta mai suna Junichi Yasuda, wanda ke haɗa fim da noman shinkafa, ya so ya sa shi a wani ƙaramin fim kan samurai na gaske da tsawa ta jefo shi zamaninmu, ya farka a sutudiyon Kyoto, ya rasa sana'ar da zai iya sai ta ɗan faɗuwa. Fukumoto bai kai ga fitowa ba, sai aka sadaukar masa da fim ɗin. A Samurai in Time ya fara ne a sinima ɗaya tak a Tokyo cikin Agustan 2024. Waɗanda suka kalla suka yi ta yaɗa shi a intanet har ya bazu zuwa ɗaruruwan sinimomi, a Maris ɗin 2025 kuma ya lashe kyautar fim mafi kyau ta Japan Academy. A tsakanin nan ne shirin Shogun, wanda Hiroyuki Sanada ya jagoranta, shi ma abokin fitowarsa ne a The Last Samurai, ya kwashi kyautar Emmy 18 a Amurka. Wasan da aka ce ya mutu, ya tashi ya karkaɗe jiki.

To ina ruwanka?

Ruwanka a nan shi ne, wayar da ke hannunka kullum tana gaya maka cewa mutum iri biyu ne: mai mabiya miliyan, da wanda bai yi komai ba. Duk wanda ya sayi fitilar zobe jarumi yake son zama. A haɗa gurup na kwamedi mutum biyar, kafin wata uku ya watse, don kowa na son a ɗora bidiyo a shafinsa. Mu da kanmu mun mai da "ɗan amshin Shata" zagi, alhali duk wanda ya saurari Shata ya san in aka cire 'yan amshi da makaɗa, waƙar ba za ta zauna yadda muka san ta ba.

Kada ki ɗauki labarin Fukumoto a matsayin "yi haƙuri, wata rana Hollywood za ta kira ki". Ɗaruruwa ne suka zauna a babban ɗakin nan, mutum ɗaya ya tsaya bayan Tom Cruise. Wanda ya shiga ƙaramin rol don yana jiran irin wannan sa'a, zai tsufa da takaici. Abin dubawa shi ne abin da mutumin ya riga ya mallaka tun kafin kowa ya san sunansa. Sinima ta rushe, yana aiki. Aka koma finafinan 'yan daba, yana aiki. Talabijin ta karɓa, taurari suka zo suka wuce, shi yana nan, saboda duk daraktan da ke son faɗa ya yi kyau a ɗauka ɗaya ya san wanda zai kira. Tashe na iya ɗaukar mutum wata shida ya sauke shi. Wanda aka san ba a iya yi sai da shi kuwa, ko yayi ya canza da shi ake tafiya.

Sannan bai tsaya kan "haka aka ce in yi" ba. An ba shi daƙiƙa uku da ƙeya a kyamara, ya nemo yadda zai cika aikin mai gida ya kuma bar tambarinsa. Kai da ke riƙe wa abokinka waya yana kwamedi, ke da ke yi wa wata editin, kai da kullum ake ba ka rol ɗin mai gadi ko ɗan aike, tambayar da za ka yi wa kanka ita ce: a ɗan wurin nan da aka ba ni, me nake yi wanda in ba na nan za a ji babu shi?

Kai kuma mai shafin, da sunanka ke sama, ka ga dai yadda lissafin yake. Wanda ya faɗi don ka yi kyau abokin aikinka ne. Ka sa sunansa, ka yi masa tagin, in kuɗi ya shigo ka ba shi haƙƙinsa tun bai tambaya ba. Bai kamata sai mutum ya shekara 30 sannan wani baƙo ya rubuto wasiƙa yana tambayar wane ne shi ba.

In kana da sauran data yau da dare, rubuta Seizo Fukumoto a YouTube ka ga lanƙwasar da idonka, gani ya kori ji. Daga nan ka koma kan fim ɗin da kake bi, in an zo faɗa ka ɗauke ido daga kan jarumi, ka bi mutum na uku da zai faɗi. Duba lokacin da ya shigo, inda ya ajiye ƙafarsa, da yadda ya kai ƙasa. In an gama kuma kada ka yi saurin tsallakewa zuwa kashi na gaba. Bari sunayen nan su wuce har ƙasa, nasa yana ciki.